Komaye Arba'in a Kwalkwalawa

Kakana Modi bai bar mini abin kirki ba:
komaye arba'in a fadamar Kwalkwalawa,
injin ban-ruwa mai tarin tsofaffi,
da wata gajerar fartanya.

Ya ce, "Haliru, ruwa ba shi da ra'ayi.
Inda ka buɗe mai, nan shika bi.
Sari laka nan, liƙa ta can,
kai ka yi mai hanya."

Daren da na gane nufinsa, wata ya kwana goma sha huɗu.
Ina ba albasa ruwa ni kaɗai, sauro na cin idon sawuna.
Na sare bakin komi na bakwai,
ruwa ya shiga, ya kwanta, ya yi tsit.
Na leƙa. Ba fuskata ce a ciki ba.
Rana ce tsaka, kasuwar Kara na ci,
ga ni ɗan shekara tara, na ƙi sakin igiyar ɗan akuyana,
ina kuka kamar abin ya faru jiya.

Na liƙe. Na matsa bakin da taƙi ɗaya.
Ashe taƙi ɗaya shekara talatin ce:
ga ni da furfura, ina ƙirga buhuna da yatsu,
wata yarinya da ban sani ba tana gyara mini lissafi,
tana ce mini Kaka, tana dariya.

Sai na karkata hannu,
ba gaba ba, ba baya ba, na yanka a kaikaice.
Nan kaina ya ɗaure.
Sakkwato ce, amma ba tamu ba:
ana yawo da bargo a tsakiyar bazara,
masu ƙanƙara sun koma sayar da gawayi.
A komi na gaba na ci jarrabawar da na faɗi,
ina cikin jami'ar nan da nake hango fitilunta,
sanye da farar riga, ina auna ƙasa a kwalba,
ban san ƙamshinta ba in ta sha ruwa.
Na gaishe shi, wancan ni ɗin. Ni ne na ji kunya.

Komi na talatin da ɗaya.
A nan gulbi bai ci Sahabi ba.
Ya yi ƙiba, har da gemu, yana faci a bakin tasha,
haƙorinsa na gaba har yanzu da ɗan gibin nan.
Na kira shi. Ya kaɗa kunne kamar wanda ƙuda ya taɓa.
Na bi shi gida da ido, na nemi tabarmata, babu.
Inna na zaune a kan buzu, tana jan carbi,
sunana take sakawa inda ta saba saka nasa.
A can ni ne na zauna a gefen da jirgin ya kife.
Ko'ina dai sai an rage ɗaya.

Na bar ruwa na kwarara can, na tsuguna,
ban san dare ya yi nisa ba
sai da injin ya yi tari uku, mai ya ƙare.
Na waiga: komaye tara na bayana ko ɗigo ba su samu ba,
ganyen albasa ya sunkuyar da kai.
Ruwan ɗaya ne, ashe.
Abin da ka zuba wa "da ma", daga bakin yau ka ɗebo shi.
Ga ladan ya fara, ga Nasatu can tafe a kan kunya
da kwanon kunu, tana tsallake kwaɗi,
ita da babu ita a waccan duniya.

Na ɗebi laka, na liƙe bakunan duka,
na taka da diddige.
Na talatin da ɗaya ne kawai na bar wa kafa,
faɗin tsinken tsintsiya.

Maƙwabcina Namakka kullum sai ya ce,
"Haliru, komin ga naka yana yoyo."
In ce, awo, na gani.
In saɓa fartanya.